Tauraron da Bai San Gidanmu Ba

"Munira... wanga ruwa, daga rijiyar gidanku kinka ɗebo shi?"

A hankali Hamani ya tambaye ni, yadda ba mai ji sai ni. Tauraron aurenmu na bakin awartaki a hannunsa, ja wur, bai fi ƙwan zabo ba. Baffanninsa na zaune a jere cikin maƙera, Abbana kuma na tsaye bakin ƙofa ya harɗe hannu.

Na ce, "Eh."

Ƙarya na yi.

Dangin Hamani su ne maƙeran taurari na Urafan. Duk mai neman aure a yankinmu wurinsu yake zuwa. Gatarin aradu suke tsintowa bayan ruwan sama, su ƙera shi, su tsoma cikin ruwan da amarya ta ɗebo daga rijiyar gidansu, da magariba su cilla shi sama da majajjawa. In ya kwana bakwai saitin gidan bai gusa ba, a ɗaura aure. In ya gusa, magana ta mutu, kuma wanda ya ƙera shi zai bi shi har inda ya faɗo ya dawo da shi, don kada ya ɓatar da matafiya.

Shekara biyu muka yi kafin a kai ga ranar nan. Abba ya ce 'yarsa da ta gama lise, babbar sakandare, a Tasawa ba za ta auri mai toka a gira ba. Innar Hamani kuwa Tanna take so masa, 'yar baffansa, wadda ta tashi tana zuga masa wuta. Na daina cin abinci, na rame kamar kara, har Abba ya gaji ya ce tauraro ya raba gardama.

Sai abin ya faɗo a tsakiyar bazara, rijiyarmu ta kusa ƙafewa. Na jefa guga da sassafe, abin da ya fito sai ka ce kunun kanwa. Ina tsaye ina kallon tulun sai ga Tanna, fuska cike da fara'a.

"Haba ƙawata! Wanga za ki kai ma surukai? Ai sai su ce gidan Alhaji ko ruwan sha babu."

Ta ce in je famfon tasha in cika tulun, ruwa ai ruwa ne, wa zai sani? Har godiya na yi mata, ni sakarya. Ban san abin da kowace 'yar maƙera ta sani tun tana goye ba: lakar rijiya ce ke nuna wa tauraro gidan da zai tsaya.

Da na ce eh, Hamani ya dubi ruwan, garau har ana ganin gindin tulu. Ya dube ni. Ya daɗe yana dubana, sannan ya yi bismilla ya tsoma. Tururi ya tashi ya rufe bakin tulun, baffanni suka sa albarka.

Da magariba ya cilla shi. Wayyo, kyan tauraron nan! Ya tsaya saitin bishiyar bedin ƙofar gidanmu yana ƙyalli, mata na guɗa, ni kuwa har na fara zaɓen atamfa a raina.

Kwana biyu ya yi. Ran na uku ya karkata arewa, ran na huɗu ya wuce bayan gari. Abba tabarmarsa kawai ya naɗe ya shige ciki. Da zagina ya yi, da ya fi mini sauƙi.

Washegari Hamani ya ɗaure bido biyu, jarkokin ruwa, a bayan moto, babur ɗinsa. Na riƙe masa riga a gaban kowa, kunya ta bar ni.

"Kada ka tahi, masoyina... don Allah."

"In ban tahi ba, wa za shi? Hannuna ya ƙera shi."

Ya kira ni a waya daga Kanambakashe. Ya kira daga Mayahi, yana dariya, wai tauraron ya gaji taurin kaina. Daga nan kira ya fara nisa. Moto ya mutu, ya sayar ya sayi raƙumi. Kiran ƙarshe ya zo bayan wata biyar, rezon waya na yankewa, iska na kaɗawa cikin wayar. A nan na kasa riƙewa, na faɗa masa komai, famfon, Tanna, ƙaryata.

Muryarsa ta biyo cikin iskar.

"Na sani, Munirata. Tun da na buɗe tulun na sani."

"To don mi ka tsoma?"

"Da na ƙi, sai in hwaɗi dalili. Gaban baffannina, gaban Abbanki, a ce ke maƙaryaciya ce? Na ce gara in yi tahiya."

Layin ya mutu. Shekara uku ke nan, in na kira sai a ce wayar a kashe take.

Tanna ma ba ta same shi ba. Takan zo da magariba ta tsaya can nesa da bedinmu tana kallon arewa. Ba na korarta, ba na kuma gaishe ta. Tauraron yana nan ƙasa-ƙasa, ya zama ɗan mitsitsi, bai faɗo ba, kuma muddin bai faɗo ba Hamani ba zai juyo ba.

Masu nema sun zo har sun gaji. Abba ya daina yi mini maganar aure, bara ma ya sa aka yashe rijiyar, ruwanta ya koma garau. Ranar na bi masu yasa na kwashe lakar da suka zubar, na cika tulun nan da ita.

Kullum da safe ina zuba mata ruwa kada ta bushe.