Kwaɗon Ƙofar Ummulkhairi

Ummulkhairi na zaune a bakin gado, kokon safe na gabanta ya sandare a kwano, ga shi har la'asar ta gota. Ba ta jin yunwa, ba ta jin ƙoshi. Tun ranar da aka tsamo ɗanta Isiyaku daga kanal ɗin ruwan noman rani da ya ratsa bayan gidansu a Kura, ko ɗigon hawaye bai zo mata ba.

Ƙofar ɗakin ce ta ja musu. Mijinta Hambali, mai buɗe wa gonaki ruwa a ma'aikatar noman rani, shi ya sayo ta gab da bikinsu daga wani tsohon sito da aka rushe. Ƙofar katako ce mai taya, ana jan ta gefe, amarya ta yi ta fankama da ita, 'yan unguwa suka yi ta zuwa kallo. Sai dai sakatar da aka saba ba ta kama irinta, aka bar ta haka nan. Yaro ɗan shekara biyu ma da tafin hannu yake tura ta. Ran nan Ummulkhairi ta bar Isiyaku yana barci ta zagaya, ta fito ta tarar da ƙofa a buɗe, darnin baya kuma da ma a ɓule yake.

Tun daga nan sai a wayi gari a gan ta tsaye a bakin kanal tana kallon ruwa, sai mata masu dashen shinkafa sun kamo hannunta sun dawo da ita.

Daga tsakar gida ta jiyo muryar Gwaggo Luba, ƙanwar mahaifin Hambali, wadda ta rene shi tun yana maraya. Ita Gwaggo ba ta iya magana ƙasa-ƙasa ba, ko da gawa a ɗaki.

"Biyu ce, Hambali! Ko ka ba ta takardarta ta koma gidansu Bunkure, ko ka garƙame ta da kwaɗo ta waje. Macen da ta kasa tsare ɗa guda, kuma ko kuka ba ta yi ba!"

"Gwaggo, ki yi haƙuri..."

"Haƙurin me? Yau kanal, gobe kanal! So kake ita ma a tsamo ta, a ce mu muka kashe musu 'ya?"

"To, na ji. Ga kwaɗon nan na sayo a Kano, mai ƙugiya, irin na ƙofar ja."

Ummulkhairi ta ji komai. Ta laluba zuciyarta ko za ta sami ɓacin rai, ba ta sami komai ba. A kulle ta, a sake ta, duk ɗaya.

Hambali ya yi sallama ya shigo da guduma da sukudireba. Duk ya zabge, rigar kakinsa ta yi masa yawa. Ya ja ƙofar ta haɗu da katakon jikin bango, ya jawo kujera 'yar tsugunno ya taka, ya soma huda katakon can sama, kusa da dogon ƙarfen da tayar ke bi. Garin katako na zubo masa a gira. Ƙugiyar ta ƙi faɗawa raminta, ya kwance, ya sake daidaitawa, har ta ce ƙas.

Gwaggo ta buga ƙofar daga waje. "Kai! Me nake ji? Ta ciki kake sawa?"

"Ta ciki, Gwaggo."

"Ka haukace ne? Wa ke kulle mutum ya bar masa makulli?"

"Ban aure ta don in kulle ta ba," ya ce. "Ki yafe ni, amma ba inda za ta je."

Ya sauko ya durƙusa gabanta, ya buɗe tafin hannunta ya sa makullin. "Ummu, ga shi. In kina son zuwa kanal, ki jira in taso daga aiki mu je tare. Ni ma ina zuwa, ba ki dai gani na ne."

Ta ɗaga kai ta dubi kwaɗon. Maganarta ta fito a dishe, don ta kwana biyu ba ta yi ba. "Malam, ya yi sama da yawa. Sai na yi ɗage zan kai."

"Da gangan ne. Don kada hannun yaro ya kai."

"Wane yaro kuma?"

"Wanda Allah zai ba mu, ni da ke."

Ta bi shi da ido. Sai ta ji wani abu ya taso mata daga ƙirji, ta kifa fuska a gwiwarsa ta rushe da kuka, irin wanda maƙwabta suka jiyo ta katanga. Shi ma bai hana nasa ba. Can a waje aka ji Gwaggo tana fyace hanci da gefen zane.

Gwaggo ta daɗe ba ta amsa gaisuwar Ummulkhairi da sakin fuska ba, ita kuwa ba ta fasa durƙusa mata ba. Da shekara ta zagayo Allah ya ba su 'ya mace, aka sa mata Sa'a, kuma Gwaggon ce ta zauna mata wankan jego.

Jama'a, in jarrabawa ta faɗo gida, masu neman wanda za a ɗora wa laifi ba sa wuya. Miji nagari shi ne wanda ya girmama iyayensa, bai kuma saki hannun matarsa ba a ranar da ita kanta ta saki nata.