Rigar Zipora a Buhun Citta

Akwai wata yarinya a Kafanchan, 'yar aji biyar, mai son a yabe ta kamar me.

Malam Kumai, malaminsu na makarantar Lahadi a coci, ya aro wayar ƙaninsa don su yi gajeren fim. Labarin Yusufu da 'yan'uwansa ne, amma ya mai da su 'yan mata. Ya zaɓi wata ɗaliba, Zipora, ta zama 'yar lelen baba. Yarinyar kuwa aka ce ita ce babbar yaya.

Haba! Kishi ya kama ta. Abin haushi ma, mamarta ce ta ɗinka wa Zipora rigar fim da guntayen atamfa kala-kala.

"Mama, ni fa?"

"Ai ke ma kina ciki, 'yata."

Ran Juma'a aka ɗauki rabin fim. Kowa sai cewa yake, "Kai, Zipora ta yi kyau!" Yarinyar ta cika ta yi fam. Da aka dawo wa mamarta da rigar don a gyara hannu, sai ta cusa ta cikin buhun cittar babanta.

Washegari aka nemi riga sama da ƙasa, babu.

"Malam, a sa mata wata mana," in ji yarinyar.

"Ba zai yiwu ba. Da ita muka fara, dole da ita mu gama. Gobe kuma mai waya zai karɓi abarsa. Shi ke nan, babu fim."

Zipora ta fashe da kuka. Yarinyar ta ji kunya. Ashe har wahalar kanta ta ɓata! Sai ta tuna yau babanta zai kai citta kasuwa.

"Malam, ni na ɓoye ta!"

Ta zuba da gudu. Ta tarar ana loda buhuna a mota.

"Baba, don Allah a tsaya!"

Aka kwance buhu, ga riga.

A ƙarshen fim, babbar yaya ce za ta roƙi gafara. Yarinyar ta durƙusa, hawaye na zuba da gaske.

"Zipora, ki yafe mini."

"Na yafe... atishaa!"

Ƙamshin citta ne ya shiga hancinta. Kowa ya kwashe da dariya, yarinyar da Zipora suka rungumi juna.

Malam Kumai ya ce, "Haka za mu bar fim ɗin. Yara, kun gani? Mai kishin ɗan'uwansa, har kansa yake cuta."