Fuskar da Kogin Sama Ya Ɗauke

Malafar ce ta fara faɗowa.

Auta na durƙushe a tsakar gida tana kifa kwanukan ruwa, sai ga ta ta sauka gabanta tana juyi, igiyar haɓa a tsinke. Ta gane saƙar. Da hannunta ta yi ta.

"Dogo!" ta ƙwala masa kira, kanta a sunkuye. "Kar ka ɗaga kai! Rufe idonka!"

Daga saman rufin babu amsa.

Kowa a garin ya san Kogin Sama. Da rana tsaka yake ɓallewa, shuɗin haske mai gudu kamar ambaliya, babu gargaɗi sai ƙararrawar hasumiya. Ba ya kisa, ba ya ƙuna. Amma duk wanda ya kalle shi, ko ya hango shi a cikin ruwa ko gilashi, sai ya ɗauke masa fuskar wanda ya fi so a duniya. Mutumin yana nan, ana tuna shi, fuskar ce kawai ba za a ƙara ganewa ba. Shi ya sa ake kifa kwanuka. Shi ya sa gidan su Auta suke saƙa malafa mai faɗin baki. Shi ya sa kuma ake da irin su Dogo, masu hawa rufi su lulluɓe tankuna da tagogin sama da zarar ƙararrawa ta kaɗa.

Tun ranar da Dogo ya fara zuwa zance wurin Auta, Inna ta ƙi shi.

"Mai hawa rufi? Wata rana zai wuce ki a kasuwa kamar bai taɓa ganinki ba. Ga ɗan kawunki nan, ƙafarsa a ƙasa, sana'arku ɗaya. Wancan ma wa ya ce ke yake so? Malafar kyauta yake bi."

Shuɗin ya janye daga bango a hankali. Ƙararrawa ta sake kaɗawa, alamar a ɗago.

Tsani ya motsa. Dogo ya sauko, kansa babu komai, gumi na bin wuyansa. Inna ta fito daga ɗakin saƙa, Ɗan Kawu a bayanta da allura soke a gaban rigarsa.

"Inna, na rufe tankin," in ji Dogo, ya ɗan rusuna. Ya dubi Ɗan Kawu. "Sannu da aiki."

Sannan idonsa ya zo kan Auta. Ya tsaya. Ya yi mata irin murmushin da ake yi wa baƙuwa.

"Sannu, baiwar Allah... Ina Auta? Na ji tana kirana."

Auta ba ta yi kuka ba. Ta sunkuya ta ɗauki malafar, ta juya inda igiyar ta rabu da kaba. A gidansu ninki ake yi wa zaren igiya, a goga masa kakin zuma. Wannan zare ɗaya ne tal, busasshe. Kuma mutum ɗaya ne yake ɗinka igiya a gidan: Ɗan Kawu.

Ta miƙa wa Inna.

Inna ta murza zaren a yatsa, ta daɗe tana kallonsa.

"Kakin ne ya ƙare, Gwaggo," Ɗan Kawu ya yi saurin cewa. "Kuma ai ga shi nan, abin da kika faɗa ya faru! Tana gabansa bai san ta ba. Wa zai ba wa wannan mata?"

"Yi min shiru."

Inna ta juya ga Dogo. "Ka kalli Kogin?"

"Iska ta fizge malafar, Inna. Na bi ta da ido kafin in tuna."

"Mahaifiyarka na raye?"

"Tana nan lafiya."

"Ka ga fuskarta yanzu a ranka?"

Ya lumshe ido. "Ina gani. Har ɗigon da ke ƙasan idonta."

"Ƙannenka fa?"

"Duk ina ganinsu."

Inna ta sauke ajiyar zuciya. Ta zare allurar daga rigar Ɗan Kawu, ta soke a nata zanin.

"Ni na ce malafa yake bi. Kogin bai ɗauki malafa ba." Ta nuna wa Ɗan Kawu ƙofa da haɓa. "Tafi ka faɗa wa babanka abin da ka ɗinka, kafin in je in faɗa masa da kaina."

Bayan fitarsa Auta ta matso kusa da Dogo.

"Dogon banza... sau nawa na ce ka riƙa duba igiyarka?"

Ya zabura kamar an watsa masa ruwa.

"Sake magana!"

"Na ƙi."

"Auta!" Ya ƙura wa fuskar ido, ya girgiza kai. Sai ya dubi hannunta, babban yatsan da kaba ta yayyanka. Ya yi wata dariya mai haɗe da hawaye. "Wannan hannun na san shi. Rabin raina, kin yarda da mijin da sai kin yi magana zai gane ki?"

"Dama ni ce mai maganar. Kai hawa kawai ka iya."

"Ku matsa min daga hanya," in ji Inna, tana tattara kwanuka. "Kai kuma Dogo, ka turo manyanka."

Fuskar ba ta dawo ba. An ɗaura auren, bai bar hawa rufi ba, ita kuma ba ta ƙara barin kowa ya taɓa igiyar malafarsa ba. Ninki biyu take yi mata, ta goga kaki har zaren ya yi ƙyalli.

Kullum in ya taso aiki yakan tarar da wata mace a bakin ƙofarsa tana saƙa. Kullum sabuwa ce a idonsa, kuma kullum sai ya tsaya ya kalla fiye da yadda ya kamata.

"Baiwar Allah, ko kin ga matata?"

Auta ba ta ɗagowa daga saƙarta.

"Ta fita. Ta ce ka wanke ƙafarka kafin ka taka mata ɗaki."