Ina Ne Ƙauyenku?

Ranar da Shiuli ta fara ganin Irshad, wulaƙanta shi ake yi.

A wani shagon sayar da sari ne, wato dogon zanen da matan can ke naɗawa, a unguwar Mirpur ta birnin Dhaka, inda ta raka ƙawarta sayayyar aure. Ya shigo da sarin da ya saƙa da hannunsa, ja mai zare ruwan zinariya, ya shimfiɗa gaban mai shago. Mai shagon ko taɓawa bai yi ba.

"Na inji da ake kawowa daga Indiya ya fi wannan araha nesa ba kusa ba," in ji shi. "Ajiye can. In an saya ka ji."

Shiuli ta jawo sarin ta juya bayansa. Ita ma da zare take ci, ɗinki take yi a kamfanin tufafi, ta san aikin ƙwarai in ta gan shi.

"Kai ka saƙa wannan?"

"Ni ne, 'yar'uwa."

"To ka daina sunkuyar da kai kamar wanda aka kama da kayan sata."

Ya ɗago, suka haɗa ido, kowa ya yi saurin kawar da nasa. Sai ta yi masa tambayar da duk mutumin Bangala ke yi wa baƙo tun kafin ya ji sunan ubansa.

"Ina ne ƙauyenku?"

"Can wajen Chandpur," ya ce.

Ƙarya ce. Irshad ba shi da ƙauye. A sansanin 'yan Bihari aka haife shi, a ɗaki guda da ake girki da kwana da haihuwa duk a cikinsa. Kakanninsa sun baro Indiya lokacin raba ƙasa da harshensu na Urdu, da aka yi yaƙin neman 'yancin ƙasar nan a shekarar saba'in da ɗaya aka lissafa su da waɗanda suka sha kashi, aka tara su nan. Tun yana matashi ya gane cewa duk wanda ya ambaci sansani, aikin da aka yi masa alkawari sai ya zama an riga an ba wani. Don haka ya ɗauki Chandpur, sunan da ya gani a jikin motar haya. Na san dalilinsa, amma ba zan wanke shi ba. Wanda ya fara neman 'yar mutane da ƙarya ya cuce ta tun kafin ta ce tana so.

Ta karɓi lambarsa wai don ƙawarta. Ƙawar ta sayi na inji, amma lambar ta zauna.

"Masaƙina, ka ci abinci kuwa, ko yau ma zare ka ci?" Haka take rubuto masa lokacin hutun rana.

"Na ci, Furena. Amma duk furen da na saƙa yau sai in ga bai kai ki ba, in warware."

"Maƙaryaci. Ka warware ka ci me?"

Duk lokacin da ta kira shi maƙaryaci cikin wasa sai ya tuna da Chandpur. Ya sha rubuta gaskiyar ya goge. Ranar Juma'a sukan zauna gefen titi suna shan shayi a ƙananan kofuna, ta riƙa ba shi labarin ƙauyensu, Shonakandi, da ke bakin kogin Padma: bishiyoyin kwakwa, da tsohon masallaci, da maƙabartar danginsu. Duk Sallah can suke tafiya. Shi kuwa sai dai ya gyaɗa kai, ita kuma ta ɗauka kunya ce.

Da magana ta yi ƙarfi, mahaifinta Motaleb Howladar, mai gyaran kekunan haya, ya ce yaron ya zo a gan shi. A gidan akwai kakarta ta wajen uba, wadda kowa ke kira Dadi, da Delowar, ɗan 'yar'uwar Motaleb, wanda ya zo hutu daga Saudiyya da ƙaton agogo da turare mai hawa kai. Shi ma Shiuli yake so, kuma bai ɓoye ba.

Dadi da kanta ta yi girkin. Da ta ji baƙon ɗan Chandpur ne, ta sa aka sayo kifin ilish duk da tsadarsa, don ba a san Chandpur da komai ba kamar shi.

"Ci, ɗana," ta ce. "Kifin garinku ne. Ka gaya mini ko na iya."

Duk wanda ya tashi a bakin ruwa da yatsu uku yake zare ƙayar ilish yana hira, ko kallo ba ya yi. A gidan su Irshad gurasa da wake ake ci, nama in an samu. Bai taɓa ɗanɗana wannan kifin ba. Ya tsattsaga shi ya dagargaza, ya kai loma, sai ƙaya ta tsaya masa a maƙogwaro. Ya hau tari, idanunsa suka kawo ruwa. Shiuli ta dunƙula shinkafa ta miƙa masa ya haɗiye.

Delowar ya tuntsire da dariya.

"Ɗan Chandpur! Kai, ko magen garinku ta fi ka iya cin kifi. A wace tasha kuke sauka daga jirgin ruwa, ɗan'uwa?"

Irshad bai san sunan tasha ko ɗaya ba. Dadi ba ta yi dariya ba, kallonsa kawai take yi.

"Ina ne ƙauyenku, yaro?" ta tambaya a hankali.

"Ba mu da ƙauye, Dadi. A sansani nake."

Motaleb ya ture kwanonsa. Shi bai taɓa ganin ubansa ba. Dadi na ɗauke da cikinsa lokacin yaƙin aka zo kamfanin buhu inda uban ke aiki, wasu abokan aikinsa masu jin Urdu suka nuna wa soja shi, aka sa shi a mota. Ko gawa ba a ba Dadi ba.

"A gidana? A kwanona?" in ji Motaleb. "Tashi ka fita tun ban yi abin da zan yi nadama ba."

"Baba, ba a haife ni ba lokacin."

"Ni ma ba a haife ni ba! Fita!"

Kafin ya isa gida saƙonta ya shigo.

"Ba sansanin ne ya kashe ni ba, Irshad. Ina ba ka labarin ƙauyenmu kana kallona kana gyaɗa kai. Ka mai da ni sakarya a gaban Dadi."

"Na ji tsoron rasa ki ne, Furena."

"To ga shi ka rasa. Kada ka ƙara kirana da wannan sunan."

Ya yi ta rubutu, ba amsa. Delowar ya ga hanya ta buɗe, ya kawo maganarsa da alkawarin gidan bulo. Motaleb ya zaunar da 'yarsa, ya kira ta da sunan da iyaye maza ke lallashin 'ya'yansu mata.

"Uwata, wannan namu ne. Mun san kabarin kakansa na wajen uba."

"Abba, na bar wancan saboda kai. Kada ka ce in ɗauki wannan ma saboda kai."

Bai tilasta mata ba, a wannan na yaba masa. Delowar ya auri wata ya koma. Shiuli ta rame, ta zama daga keken ɗinki sai shimfiɗa. Irshad kuwa masaƙarsa ta fi zama shiru, don babu mai ba da aiki. Mai shago ya dawo masa da jan sarin nan, ya ce ya tare masa wuri.

Sai damina ta zo, kogin Padma ya ci Shonakandi. Ba ambaliya ba ce da ruwa zai janye a koma. Gaɓa ce ta riƙa zaftarewa tana faɗawa ciki, da gidajen, da masallacin, da maƙabartar. Wani ɗan garinsu ya turo hoton wurin a waya: ruwa ne shimfiɗe har iyakar gani, da kan bishiyar kwakwa guda.

Dadi ta daɗe tana kallon hoton.

"To ni a ina za a sa ni?" ta ce. Daga ranar ta rage cin abinci.

Da Babbar Sallah ta matso, Dhaka ta kwashe kamar kullum. Mutane suka cika jiragen ruwa da rufin jiragen ƙasa, kowa ya nufi ƙauyensu. Layin su Motaleb ya zama kufai, ƙofa bayan ƙofa da kwaɗo. Har limamin masallacin unguwa ya tafi nasu. Karo na farko a rayuwarsa Motaleb ya yi Sallah a birni, don ba shi da inda za shi.

Washegarin Sallah da hantsi Dadi ta cika.

Motaleb ya fita ba takalmi yana buga ƙofofin da ya san babu kowa ciki. Ya kira dangi, wanda ya fi kusa ya ce ko ya taso yanzu sai gobe, ga shi zafi ake yi. Babu macen da za ta taya Shiuli wanka, ita kuma ba ta taɓa yi ba. Babu mazan ɗaukar makara. Ya dawo ya zauna a bakin ƙofa ya dafe kai.

Shiuli ta ɗauki wayarta ta rubuta wa Irshad.

"Dadi ta rasu. Babu kowa a layinmu."

"Muna zuwa."

A Mirpur lokacin Sallah, mutanen da ba sa zuwa ko'ina su ne mutanen sansani. Suka taho da makara da likkafani da limaminsu, mata a gaba, mahaifiyar Irshad, Kaniz, tana jan su. Motaleb ya miƙe ya tare ƙofa.

"Ba za ku taɓa uwata ba. Ba ku ba."

Kaniz ta tsaya gabansa. Bangalarta a karye take, amma an gane.

"Ɗan'uwa, ni ma bayan yaƙin an fitar da ubana daga gida da farar safiya, har yau bai dawo ba. Ban zo mu yi lissafi ba. Kai za ka wanke ta? Matsa, rana tana yi."

Ya dube ta, ya dubi layin da babu kowa, ya matsa.

Suka wanke ta da ruwan ɗumi, suka nuna wa Shiuli yadda ake yi, suka suturta ta. Mazan sansani suka ɗauki matar da ta yi shekarunta duka tana juya kai in ta ji ana Urdu. Aka sallace ta, aka kai ta maƙabartar birni, inda bayan 'yan shekaru ake sa wani a kan wani. Motaleb ya shiga kabarin ya kwantar da ita. Da zai fito ya kasa hawowa shi kaɗai. Hannun da ya fi kusa na Irshad ne. Ya daɗe yana kallon hannun kafin ya kama.

Kada wani ya ce daga nan komai ya warware. Mutane ba haka suke ba. Sai bayan sadakar arba'in Motaleb ya aika a kira shi.

"Ban yafe wa waɗanda suka nuna ubana ba, kuma ba zan yafe ba," ya ce. "Amma ba kai ba ne. Kai laifinka ƙarya, kuma ba ni ka yi wa ba." Ya nuna labule. "Ga mai ita can."

Shiuli ta fito, idanunta a kumbure.

"Sake gaya mini," ta ce. "Ina ne ƙauyenku?"

"Ba ni da ƙauye. Ba ni da aiki ma, masaƙar zan sayar in ɗauki keken haya. Ɗaki guda ne zan iya kamawa. Ban da ke ba ni da komai, ke ɗin ma ban sani ba."

"Da haka ka ce tun a shago."

"Da kin karɓi lambata?"



"Ban sani ba, Masaƙina," ta ce. "Amma da ka bari na zaɓa."

An ɗaura auren ba taro. Yawancin dangin Motaleb sun ƙi zuwa, suka ce ya sayar da jinin ubansa. A sansani ma wasu suka ce Irshad ya je lasar ƙafar waɗanda suka tsare su. Amarya ta sa jan sarin nan da ya rasa mai saye, shi ne na ƙarshe da ya rage masa daga masaƙarsa. Ban taɓa ganin amaryar da sari ya karɓa haka ba, ban kuma taɓa ganin biki mai ƙarancin dariya irin wannan ba.

Da aka zauna cin abinci, Motaleb ya kawo ilish guda ɗaya, ƙarami, iya abin da ya samu. Wani tsoho daga wajen aikinsa, wanda bai san labarin ba, ya juya wajen ango.

"Ango, ina ne ƙauyenku?"

 Irshad ya buɗe baki, amma Motaleb ya riga shi.

"Ba shi da ƙauye. Ni ma ba ni da shi. Ci abincinka."

Sai ya jawo kwanon angon gabansa. Da yatsu uku ya riƙa zare ƙayar ɗaya bayan ɗaya, fuskarsa a ɗaure, har ya tara tsokar zalla a gefe. Ya tura masa.

"Ci a hankali, ɗana. Allah ya ba ku zaman lafiya. Allah ya ba 'ya'yanku ƙasar da ruwa ba zai ci ba, mutum ba zai kore su daga kanta ba."

Kaniz ta ce amin da nata harshen, Shiuli ta ce da nata, tana kuka a cikin mayafi. Irshad ya kai loma, ya haɗiye lafiya.