Bango Na Huɗu

Hoto ɗaya tak ya rage wa Sammani: faɗuwar rana a kan ɗakin da ya gina a bakin kanal ɗin ban ruwa, can bayan Bunkure. Shekara goma sha biyu yana tsara wa mutane wurin ɗaukar fim, yana riƙe musu kyamara, sunansa ba ya fitowa sai a ƙarshe, bayan 'yan kallo sun watse. Wannan karon fim ɗin nasa ne na kansa. Duk aikin sati uku yana cikin kyamarar da ya goyo a babur, bai kwafe ba. Halin Sammani ke nan, kullum sai gobe.

Ɗakin kuwa ya ginu! Da hannunsa ya kwaɓa laka, ya yi daɓe, ya jera tukwane, ya shafa wa azara baƙin tukunya, sai ka rantse an shekara arba'in ana girki a ciki. Amma bango uku ne. A gurbin na huɗun kyamara take tsayawa, haka sana'ar take.

Ɗanbaba, mai gonar shinkafar da aka yi ginin a gefenta, yana wanke ƙafa zai tafi gida.

"Malam Sammani, da almurun nan?"

"Hasken nake so, Baba. Yanzu zan gama."

"Tun farko na gaya maka, ba a barin ɗaki ba kowa a bakin ruwa. Wasu sai su ɗauka kyauta aka yi musu."

Sammani ya yi dariya. Ɗanbaba bai yi ba, ya hau kekensa.

Ya kafa kyamara, ya sa ido. Kwaɗi na ta kuka, ruwa na gudu a kanal, iska na kawo warin ruɓaɓɓen tumatir. Sai komai ya ɗauke ɗif.

Ƙamshin daddawa ya bugi hancinsa.

Murhun da ya jera don ado yana ci da wuta. Wata tsohuwa ce zaune, ta ba shi baya, tana tuƙa tuwo a tukunyar da ya san fasasshiya ya saye ta. Ya ɗago daga kyamara, ba kowa. Ya mayar da ido, tana nan, har ta ɗan juyo.

"Sannu da aiki, magini," ta ce ƙasa-ƙasa. "Mun gode. Sai dai sanyi na shigo mana."

Ta nuna gefen da yake tsaye da muciya.

"Uku ka yi. Ina na huɗun?"

Ya so ja da baya, ƙafa ta ƙi. Ya duba ƙasa. Laka ce mai sanyi ta kama idon sawunsa, tana hawa tana bushewa, har da shatin yatsu kamar ana yaɓe.

"Tsaya daidai," in ji ta. "Tsawonka ya isa."

Laka ta kai gwiwa.

Innalillahi! Ya cafki kyamarar ya ja, ashe ƙafafunta uku sun riga sun nutse. Wahalarsa duka tana cikinta. Ya rungume ta yana kuka, wallahi kuka wiwi.

Laka ta kai cinya.

Can nesa ladan ya ɗaga murya. Lakar ta ɗan sassauta.

Ya saki kyamarar, ya fizge jikinsa, ya faɗa kanal da baya. Ruwa ya tafi da shi, sai can gaba masu ban ruwan albasa suka tsamo shi, ba takalmi, yana karkarwa.

Washegari Ɗanbaba ya tarar da ɗakin bango huɗu cif, babu ƙofa. A tsakiyar sabon bangon, daidai tsayin idon mutum, wani ɗan zagayayyen gilashi yana ƙyalli.

Fim dai bai fito ba. Yanzu labule Sammani yake sayarwa a Kura, idonsa na dama, wanda a da yake leƙa kyamara da shi, a ɗaure da ƙyalle. Likita ya ce lafiyar idon ƙalau. Shi kaɗai ya san abin da yake gani in ya kwance ɗaurin: tsohuwar ce, tana kwashe tuwo, ta ajiye kwano biyu.