Aikin Da Azeezat Ta Ƙi Rubutawa

"Ba zan rubuta masa ba, Iya."

Mahaifiyarta ta ajiye tiren shinkafar da take tsincewa, ta ɗago kai a hankali.

"Sake faɗa in ji."

"Zan koya masa, ko kullum ne. Amma in zauna in yi aikin da hannuna, shi ya ɗora sunansa a kai... a'a, Iya."

"Azeezat! Hajiya Zinariya ce fa da kanta ta kira ni. Matar da na shekara ina gaisarwa tana amsa mini da hanci, yau ita ce take cewa 'yar uwata, ki roƙar mini 'yarki. Shi ne za ki watsa mini ƙasa a ido?"

Azeezat ba ta sunkuyar da kai ba. Tun tana yarinya ba ta iya sunkuyarwa ba, ko ita ce da laifi, balle yau.

Tare suka shiga jami'a ita da saurayinta Abdulnasir, sashen kimiyyar kwamfuta. Ita ta gama bara da sakamakon da har yanzu malamai ke zancensa. Shi kuwa kwas ɗaya ya maƙale masa a wuya, wanda ake buɗe cikin kwamfuta a nuna wa ɗalibi yadda take tunani, inda take ajiye abu, da yadda take ɗauko shi. Sau biyu yana faɗuwa, don yininsa a shagon mahaifinsa yake yi a Kantin Kwari. Bana ce damarsa ta ƙarshe. Mahaifin nasa Alhaji Gana kuma ya riga ya yi rantsuwa: ba za a sa ranar aurensu ba sai ɗansa ya kawo takardar gamawa.

Mahaifiyarsa Hajiya Zinariya dama ba so take ba. A Fagge aka haifi Azeezat, a Fagge aka haifi ubanta Alhaji Raji, amma a bakin Hajiya har gobe sunanta "'yar Yarbawan nan mai ido a tsakar ka."

Da la'asar Abdulnasir ya zo. Ta same shi a soro, ya jingina da bango, yana juya makullin babur a yatsa.

"Gimbiyata..."

"Kai ka tura Hajiya?"

"Wallahi ban tura ta ba. Ta ga na rame ne." Ya yi murmushin nan da ke kwance mata duk wani ɗaurin fuska. "Zizah, aikin nan shi ne rabin makin kwas ɗin. A wurinki wasan yara ne. Yini ɗaya kin gama."

"Ko yini ba zai kai ba."

"To?"

"To shi ya sa."

"Ban gane ba, rabin raina."

Ta dube shi sosai. Tana son idanun nan, tana son yadda yake tsayawa ya saurari mutum har ya gama magana.

"Nasir, in na rubuta maka, duk ranar da na ga takardarka a bangon falonmu, aikina zan gani. Kai ma za ka san ina gani. Na san halina... wata rana za mu yi faɗa, bakina zai suɓuce in gorata maka. Ba na son in zama matar da ke riƙe da wannan a kan mijinta."

Ya soka makullin babur ɗin a aljihu.

"To ki koya mini," ya ce. "Amma ba ni da lokacin zuwa makaranta. Sai dai ki same ni a shago."

Haka ta fara sintiri tsakanin gida da Kwari, kwamfutarta a jaka, tana kutsawa tsakanin masu dako da dilolin kaya. A gida Iya ta daina kiran sunanta. In abinci ya sauka sai dai ta ji ƙarar kwano a bakin ƙofa. Ta shanye.

Abin da malamin ya ba su shi ne su rubuta manhajar da za ta kwaikwayi wata 'yar ƙaramar ma'ajiya da ke maƙale da ƙwaƙwalwar kwamfuta. Abdulnasir ya ce ya karanta babin har ya haddace, bai taɓa gane amfaninta ba.

"Rufe littafin," in ji ta. "Turmin atamfa nawa kantar nan ta bayanka take ɗauka?"

"Ba yawa. Sauran suna sito a Kwaciri."

"Me ya sa ba ka bar su duka a siton ba?"

"Haba! Kowane mai saye sai na aika Kwaciri? Ai kafin a dawo ya shige shagon maƙwabci."

"To ita ma kwamfuta haka. Babbar ma'ajiyarta nesa take, jira ake yi kafin abu ya iso. Shi ya sa take da 'yar kanta a kusa. Yanzu kanta ta cika, ga sabon zane ya shigo. Wanne za ka sauke?"

"Wanda aka fi daɗewa ba a tambaya ba mana."

Ya tsaya. Ya dubi kantar, ya dube ta, bakinsa a buɗe.

"Shi ke nan? Abin da ya kayar da ni sau biyu ke nan?"

"Rabinsa ke nan. Saura ka faɗa wa kwamfuta da yarenta."

Ya yi dariya har da buga cinya. "Injiniyata! Wallahi ke alheri ce!"

Ranar ta koma gida kamar ba ta taka ƙasa.

Sai dai gane abu daban, rubuta shi daban. Hannunsa bai saba ba. Yakan rubuta layi biyu, mai saye ya shigo, ya dawo ya manta inda ya tsaya. Ita kuma Allah bai ba ta haƙurin koyarwa ba. Ran wata Asabar, shago cike, maƙwabta sun shigo shan inuwa, 'yar ƙanwar Hajiya mai suna Ni'ima, wata fara mai yawan dariya, ta kawo masa abinci tana zaune a gefe, ya sake yin kuskuren da ta gyara masa jiya da shekaranjiya.

"Nasir, daga sifili ake fara ƙirga gurbin ajiya! Sau nawa zan faɗa? Wannan fa ɗan aji ɗaya ya sani!"

Duk mutanen shagon suka juyo.

Wani daga cikin maƙwabtan ya ƙyalƙyale. "Ango, tun yanzu? Allah ya ba da haƙuri!"

Ni'ima ta rufe baki da gyale. "Yaya Nasir, ci abincinka kar ya huce. Karatu ai ba da yunwa ake yi ba... balle da tsawa."

Abdulnasir ya rufe kwamfutar a hankali ya miƙa mata.

"Ki je gida, Azeezat."

Bai taɓa kiran cikakken sunanta ba sai ranar.

Ta san ta yi laifi. Ta kira shi ta ba shi haƙuri, abin da ba ta taɓa yi wa wani namiji ba. Ya ce ya wuce. Amma da ta ce gobe za ta zo, sai ya ce kaya za su sauke. Jibi ma haka. Ranar miƙa aiki tana ta matsowa.

Wata safiya ta kulle ɗaki ta zauna ta rubuta aikin gaba ɗaya. Kafin azahar ya tashi, yana gudu lafiya lau, ba tuntuɓe ko ɗaya. Ta buɗe lambarsa. Ta ɗora yatsa a kan wurin turawa.

Danna ɗaya... Iya ta dawo tana kiran sunanta, Hajiya ta saki fuska, a sa rana.

Hawaye ya ɗiga a kan madannai. Ta goge shi da bakin hijabi, sannan ta goge aikin.

Kwana kaɗan bayan haka cajarta ta ƙone, ta shiga Sabon Gari neman wata. A shagon Cyprian ta tsaya, mai gyaran kwamfuta, wanda duk ɗaliban sashensu suka san ba gyara kaɗai yake yi ba, har aikin ɗalibai yake rubutawa a biya shi.

"Madam Injiniya! Kwana biyu!" Hausarsa tar, don a nan ya girma. "Ki gaya wa mutuminki aikinsa ya fito, wayarsa ba ta shiga. Ƙanwarsa ce ta kawo shi, wata fara mai yawan dariya."

"Wane aiki?"

Cyprian ya dubi fuskarta, ya gane ya yi suɓutar baki. Ya juya yana laluben caja a cikin kwali.

Ba ta gaya wa kowa ba. Ta san ofishin malamin, ta san lambarsa, ba ta je ba, ba ta kira ba. A ranta ta ce ranar kare aiki gaskiya za ta yi halinta, tambaya ɗaya za a yi masa ya tsaya.

Ba a yi masa ba. Ɗalibai sun yi yawa, malamin yana sauri, ya ga manhaja tana gudu ya ɗaga hannu na gaba ya shigo. Jarrabawar takarda kuwa, abin da ta koya masa a shago ya fitar da shi da ƙyar.

Abdulnasir ya ci.

Ya zo da shadda sabuwa, fuskarsa kamar an wanke ta da madara. A soron nan dai suka tsaya.

"Zizah, na gama! Hasken idona, mun gama!"

"Na ji. Allah ya sa albarka."

"Haka kawai?" Ya matso. "Saurara, saura abu ɗaya ƙarami. Baba ya ce bai yarda da cin nan ba, wai ya ji ana sayen aiki. Ya ce ke ba kya ƙarya, duk Fagge an sani. In kin zo gabansa kin ce da hannuna na rubuta, ranar Juma'a zai tura a sa rana."

Ta ja da baya.

"Da hannunka ka rubuta?"

Ya kau da kai.

"Na je wurin Cyprian, Nasir."

"To sai me? Ke kika ƙi! Na roƙe ki, uwata ta roƙe ki, kika zo kika tsinka ni a gaban 'yan kasuwa. Me kike so in yi, a kore ni?"

"Tsinka ka da na yi laifina ne, na ɗauka. Ba zan tona maka asiri ba, ko da wuƙa a wuyana. Amma ba zan durƙusa gaban Baba in ce masa abin da ba haka ba."

"Magana ɗaya ce fa, Zizah... magana ɗaya!"

"Ka ba ni tsawon wata guda." Ta matso kusa da shi. "Mu zauna a nan, ba a shago ba, babu mai jin mu. Ka rubuta naka, ko ba mai dubawa. Ka iya, na ga ranar da ka gane. In ka gama, wallahi da gudu zan je wurin Baba."

"In sake rubuta abin da na riga na ci? Don ke ki ba ni maki?" Ya yi wata dariya marar daɗi. "Ke miji kike so ko ɗalibi?"

"Kai nake so."

"A'a. Gaskiyarki kike so. Ni a bayanta nake."

Ta zuba masa ido. Ya jira. Ya daɗe yana jira, kamar yadda ya saba, sai ta gama. Da ya ga babu sauran magana, ya juya ya fita.

Juma'a ta zo, Azeezat ba ta je ba. Ni'ima ce ta durƙusa gaban Alhaji Gana ta ce a gabanta Yaya Nasir ya rubuta komai. Ko Alhaji ya yarda, ko gajiya ya yi, Allah masani. Hajiya Zinariya dai ta sami abin da za ta riƙe: ga wadda ta tsaya wa ɗanta, ga wadda ta guje shi. Bayan Babbar Sallah aka ɗaura auren Abdulnasir da Ni'ima.

Ranar ɗaurin auren Azeezat tana gaban allo a wata makaranta da ta ɗauke ta koyarwa. Wata ɗaliba ta yi mata tambayar da ta amsa sau biyu. Ta ji tsawar ta taso har maƙogwaro, ta haɗiye ta, ta sake bayani daga farko.

Da ta dawo gida ta tarar da Iya zaune a ɗakinta, karon farko cikin watanni.

"An ɗaura," in ji Iya.

"Na sani."

"Kin yi nadama?"

Azeezat ta zauna a ƙasa ta jingina kai da gwiwar uwarta.

"Ban yi ba, Iya. In aka dawo da ranar, abin da zan faɗa ke nan." Ta ja numfashi. "Amma kar wani ya ce mini na ci riba. Na rasa mutumin da nake so, ba don ya daina sona ba, ba don na daina sonsa ba. Shi yana da takardarsa, yana da matarsa. Ni abin da ya rage mini shi ne ban yi ƙarya ba... kuma yau, Iya, wallahi bai ishe ni ba."