Ƙauyen da Kawu Bashari Ya Gina

Ku matso. Kai Mudi, rage fitilar nan. Kun ga Kawu Bashari da ke zama a ƙofar gida yana shinshina hannunsa? Ba haka yake ba a da.

Shi ne mai tsara wuraren ɗaukar fim. In labari ya ce fada, sai ya gina fada. In ya ce kurkuku, kafin la'asar ga kurkuku. Tare suka fara harkar da amininsa Nafi'u. Nafi'u ne furodusa, mai haɗa 'yan wasa da kayan aiki, Kawu kuma mai gini. Kwano ɗaya suke ci.

Sai aka zo yin wani fim na mutanen da. Ana son ƙauye sukutum. Suka samu wani kufai a bayan dutse, ba kowa sai bishiyar kuka da tsofaffin duwatsun murhu. Kawu ya kama gini da laka da kara.

Ran nan da magariba ma'aikata sun watse, shi kaɗai ya rage yana daɓe. Sai ya ji an ce, "Ba nan ƙofar take ba."

Wata tsohuwa ce da zanen saƙi. Tana gabansa, amma muryar daga bayansa take fitowa.

"Sannu, Iya. Ina take?"

"Gabas. Rumbu a can. Nan kuma turmina yake."

Ta taka ɗanyen daɓen ta wuce. Ya duba ƙasa. Babu sawu.

Duk da haka ya gyara ƙofar. Daga nan kullum da magariba sai ta zo ta nuna masa, shi kuma ya gina. Ranar da aka gama, ta daɗe tana shafa bangon wani ɗaki.

"Wuta ce ta tashe mu daga nan," ta ce. "In kun gama wasanku, ka bar mana shi a tsaye."

"Na yi alkawari, Iya."

Bai ɓoye wa Nafi'u komai ba. Nafi'u ya dafa kafaɗarsa. "Haba Bashari, ni da kai? Ko tsinke ba za a taɓa ba."

Ashe tun farko da gobara labarin fim ɗin zai ƙare. Darakta, mai ba da umarni, ya sani. 'Yan wasa sun sani. Har mai dafa musu abinci ta sani. Ranar ƙarshe Nafi'u ya aiki Kawu cikin gari neman wani fenti da ba wanda yake buƙata.

Yana dawowa ya hango hayaƙi. An kwashe kyamarori, motoci sun tafi. Ko jiransa ba su yi ba.

Tsohuwar tana zaune cikin toka, daidai inda turminta yake.

"Iya, wallahi ba ni ba ne. Nafi'u ne."

"Ban san Nafi'u ba. Kai na sani."

Ta ɗebi toka ta zuba masa a tafin hannu, ta lanƙwashe yatsunsa a kai. Tokar sanyi ƙalau.

"Sau biyu ke nan," ta ce. "Amma na farko ba su yi mini alkawari ba."

Tun daga ranar duk abin da Kawu ya gina ƙauri yake yi. In an ɗauka da kyamara, bangon ya fito baƙi ƙirin. Aka daina kiransa aiki.

Fim kuwa ya yi kasuwa, kowa sai yabon gobarar yake. Nafi'u ko ciwon kai bai yi ba, kuma wallahi ni wannan ne yake ci mini rai. Shekaranjiya ma ya wuce ta layinmu a mota, ya ɗaga wa Kawu hannu. Kawu ya ɗaga masa nasa, sannan ya kai hannun hancinsa.

To, kada wanda ya kuskura ya bi hanyar kufan nan shi kaɗai da magariba. Tana nan zaune, tana jiran wanda ya iya gini.